Bizar zinare: Me ya sa ƙasashen da ke sayar da izinin zama suke kasa riƙe tsarin?

A ranar 3 ga Afrilun 2025 Sifaniya ta rufe ƙofar da ta buɗe tun 2013, wadda ta ba duk baƙon da ya sayi gidan Yuro 500,000 damar zama a ƙasar shi da iyalinsa. Kafin ita, Birtaniya ta rufe tata a Fabrairun 2022, Ailan ta bi sahu a Fabrairun 2023, Ostireliya kuma a 2024. A cikin wannan tsakanin ne Shugaban Amurka Donald Trump ya fito da abin da ya kira katin zinare, wato izinin zama a Amurka ga masu kuɗi, Dubai da Saudiyya suna ta faɗaɗa nasu tsare-tsaren, Girka kuwa ta bar ƙofarta a buɗe ta ƙara kuɗin shiga. Dole mai bibiyar labarai ya ruɗe: in abin alheri ne me ya sa ake rufewa, in kuma cuta ne me ya sa wasu ke buɗewa?

Mafi yawan amsar tana cikin ofisoshin da aka ɗora wa aikin. Rubuta doka da yanka farashi ba ya wuce 'yan watanni. Amma tantance mai kuɗin, bin sawun dukiyarsa, fitar masa da kati a kan lokaci, da sa masa ido shekara da shekaru, a nan gizo ke saƙar.

Mene ne ake sayarwa?

Abu biyu ne ake yawan haɗawa alhali kowanne da hanyarsa. Na farko izinin zama: ƙasa ta ba baƙo katin da zai zauna da shi, ya sa 'ya'yansa a makaranta, a wasu wuraren ya yi aiki ko kasuwanci, fasfonsa na gida kuma yana hannunsa. Duk wanda ya san igama a Saudiyya ya san irin takardar, sai dai a nan dukiyar mutum ce ke tsaya masa a madadin kafili. Shi ake kira bizar zinare. Na biyu shi ne zama ɗan ƙasa ɗungurungum da fasfo, irin wanda tsibiran St Kitts da Nevis suka fara sayarwa tun 1984. A ranar 29 ga Afrilun 2025 babbar kotun Tarayyar Turai ta yanke hukuncin cewa sayar da fasfo da Malta ke yi ya saɓa dokar Tarayyar. Hukuncin bai taɓa izinin zama ba, wanda har yanzu kowace ƙasa ke da ikon tsara nata.

Jarin da ake nema ya danganta da ƙasa: sayen gida, sayen takardun lamunin gwamnati, zuba kuɗi a asusun hannun jari, kafa kamfanin da zai ɗauki ma'aikata, ko gudummawar da ba a mayarwa. Abin da ya fi jan masu kuɗi shi ne ba dole sai sun tare ba. A Fotugal kwana 7 a shekara ya wadatar, a Girka ko kwana ɗaya ba a nema. Katin ɗaya daga cikinsu kuma yana ba mutum damar yawo a ƙasashe 29 na yankin Schengen, wato ƙasashen Turai da suka buɗe iyakokinsu ga juna, har kwana 90 cikin kowane kwana 180. Shi ya sa da yawa daga masu sayen katin suna nan a garuruwansu suna harkokinsu, katin yana ajiye don ranar da gida zai yi zafi.

Yadda aka faro

Kanada ta buɗe nata tsarin a 1986, Amurka ta kafa wanda ake kira EB-5 a 1990. Yaɗuwarsa a Turai kuwa ta biyo bayan durƙushewar tattalin arziki ta 2008. A 2011 sai da aka ceto Fotugal da bashin Yuro biliyan 78, gidaje suna tsaye ba mai saye, kamfanonin gini suna rufewa. Ailan da Fotugal suka buɗe nasu a 2012, Sifaniya da Girka a 2013, Girka ta karya farashi zuwa Yuro 250,000. A yankin Gulf 2019 ce shekarar: Haɗaɗɗiyar Daular Larabawa ta fito da bizar shekara 10, Saudiyya kuma ta fito da igama ta musamman wadda ba ta buƙatar kafili, Riyal 800,000 ta dindindin ko Riyal 100,000 a shekara.

A Turai musamman, gwamnatocin da ke neman kuɗi ido rufe ne suka zana tsarin, sannan aka miƙa shi ga hukumomin shige da fice, waɗanda ƙwarewarsu duba fasfo ce da tsaron iyaka. Yawancin abin da ya biyo baya daga wannan rabon aiki ya samo tushe.

Kuɗin nan daga ina?

A ɗauki fayil guda a kan teburin jami'i. A ciki akwai kwafin fasfo, takardar 'yan sanda cewa mutumin ba shi da tarihin laifi, takardar banki da ke nuna kuɗin sun shigo, da tarin takardun wani kamfani da aka fassara daga Sinanci ko Rashanci ko Larabci. Takardar bankin ta ce kuɗin ribar kamfanin ne. Kamfanin kuma mallakin wani kamfani ne da aka yi wa rajista a wani tsibiri, wanda shi ma sunan lauya ne a kansa. Takardar 'yan sandan daga ƙasar mutumin ta fito, inda mai yiwuwa shi ko ɗan'uwansa ke riƙe da muƙami. Jami'in yana iya tabbatar da cewa hatimin gaskiya ne. Sanin ko dukiyar halak ce aiki ne na mai binciken kuɗi, kuma ba kowace hukumar shige da fice ke da irinsu ba.

Birtaniya ta ga wannan ƙarara. Daga 2008 zuwa Afrilun 2015, mai neman bizar jari ba ya buƙatar buɗe asusu a bankin ƙasar kafin a ba shi biza. Ma'aikatar cikin gida ta ɗauka bankuna za su binciki kuɗin idan sun iso, bankuna kuma suka ɗauki bizar a matsayin shaidar cewa gwamnati ta riga ta bincika. Kowa ya bar wa ɗan'uwansa, aikin ya faɗi a tsakiya. Daga baya gwamnati ta koma ta sake duba bizoji sama da 6,000 da aka bayar a wannan tsakanin, kuma a Janairun 2023 ta amsa cewa wasu tsiraru daga ciki suna da alamun alaƙa da rashawa ko manyan laifuka, har da 'yan Rasha 10 da aka ƙaƙaba wa takunkumi bayan mamayar Yukren.

Ko mai kuɗin halak ma fayil ɗinsa na iya rikicewa. 'Yan China ne suka fi kowa sayen waɗannan bizoji a ƙasashe da dama, alhali dokar ƙasarsu ta taƙaita canjin kuɗin waje ga mutum ɗaya zuwa Dala 50,000 a shekara. Wanda zai biya Yuro 500,000 sai ya rarraba kuɗin ta asusun 'yan'uwa da abokai, su iso gutsi-gutsi da sunaye daban-daban. Haka nan ɗan kasuwar Kantin Kwari da ya shekara talatin yana ciniki da tsabar kuɗi da amana, yana ba da kaya bashi da baki, yana canjin Dala a Wapa. Dukiyarsa guminsa ce, amma ba shi da littafin lissafin da akanta ya sa wa hannu, ko takardun harajin da suka yi daidai da girman cinikinsa. Shi kuwa ɓarawon gwamnati yana da lauyoyin da za su shirya masa takardu tsaf. Tantancewar da ta tsaya ga takarda kaɗai tana iya tare na farko ta bar na biyu ya wuce.

Sai kuma 'yan tsakani. Yawancin fayiloli ta hannun dillalan gidaje, lauyoyi da kamfanonin ba da shawara suke zuwa, kuma da yawansu la'adarsu ta dogara ne ga ciniki ya faɗa. A inda gwamnati ta bar musu matakin farko na tantancewa, mai neman riba ne ke tsaron ƙofa. Rahoton haɗin gwiwa da hukumar FATF mai yaƙi da halasta kuɗin haram da ƙungiyar haɗin kan tattalin arziki ta OECD suka fitar a Nuwamban 2023 ya sanya wannan cikin manyan ramukan tsarin. Jami'an gwamnati su ma ba su tsira daga zargi ba. A Nuwamban 2014 aka kama shugaban hukumar shige da ficen Fotugal a wani binciken rashawa kan bizar zinare, ministan cikin gida Miguel Macedo ya yi murabus, ko da yake kotu ta wanke su biyun a 2019. A Saifurus, inda fasfo ake sayarwa, an soke tsarin a Nuwamban 2020 bayan wani binciken sirri na gidan talabijin na Aljazeera, kwamitin bincike kuma ya gano cewa fiye da rabin fasfunan ba a ba da su bisa ƙa'ida ba.

Layin da ba ya motsi

Matsala ta biyu ba ta da armashin labarin rashawa, amma ita ta fi taɓa mutane da yawa: ofishi ya karɓi fayilolin da suka fi ƙarfinsa.

Dokar Fotugal ta ce a yanke hukunci kan buƙatar izinin zama cikin kwana 90. A aikace masu jari sun yi ta jiran shekaru. Dalilan sun taru ne a kan juna. A Maris na 2020 wani ɗan Yukren ya mutu a hannun jami'an hukumar shige da fice ta SEF a filin jirgin Lisbon, abin da ya sa gwamnati ta yanke shawarar rusa hukumar. An yi ta ɗage rushewar, ma'aikata ba su san makomarsu ba, har sai Oktoban 2023 sabuwar hukuma mai suna AIMA ta fara aiki. A cikin watan na Oktoba ne kuma aka cire sayen gida daga hanyoyin samun bizar, bayan an shafe watanni ana sanarwa, masu kuɗi suka yi rububin shigar da takardu kafin a rufe. Zuwa 2024 gwamnati da kanta ta ce fayilolin baƙi kusan 400,000 ne ke jibge, mafi yawansu na ma'aikatan gona, otal da gine-gine daga Brazil, Indiya, Nepal da ƙasashen Afirka masu magana da harshen Fotugal.

Ga yadda jiran yake a aikace. Mutum ya biya jarinsa, ya tura takardu ta intanet, yana jiran a kira shi a ɗauki hoton yatsunsa. Takardar 'yan sandan da ya kawo wata uku take yi ta mutu. Kafin a kira shi ta mutu, sai ya koma gida ya nemi sabuwa, a fassara, a buga hatimi. Ɗansa da ya shiga fayil ɗin yana ƙaramin yaro ya girma, ana neman sabuwar shaidar cewa har yanzu uban ke ɗauke da shi. Kowace takardar da aka sabunta ƙarin aiki ce ga jami'in da dama aiki ya yi masa yawa. Masu hali suka garzaya kotun gudanarwa ta Lisbon don ta tilasta a duba nasu, dubban ƙararraki suka taru, layin ya tashi daga ofis ya koma kotu. Gwamnati ta yi ta tsawaita wa'adin katunan da suka ƙare da doka saboda ba ta iya sabunta su. A 2024 aka gyara dokar zama ɗan ƙasa ta yadda shekara 5 ɗin da ake buƙata za ta fara ƙirguwa daga ranar shigar da takarda, don kada jinkirin ofis ya ci mutum. Shekara guda bayan haka sabuwar gwamnati ta kai wa majalisa ƙudurin tsawaita wa'adin zuwa shekara 10 ga yawancin baƙi.

Kanada ta warware irin wannan cunkoso da wuƙa. Tsarinta ya buƙaci mutum ya ranta wa gwamnati Dalar Kanada 800,000 ba ruwa na shekara 5. Da fayiloli suka kai dubun-dubata, a 2014 ta soke tsarin na tarayya, ta mayar wa mutane takardunsu da kuɗin rajistarsu, wasu bayan jiran shekaru. A Amurka doka ce da kanta ke haifar da layin: bizojin EB-5 kusan 10,000 ne a shekara har da mata da 'ya'ya, kuma akwai ƙa'idar kashi 7 cikin 100 ga kowace ƙasa. 'Yan China da suka yi yawa sai jiransu ya kai shekara goma ko fiye, 'ya'yan wasu suka haura shekara 21 suka fita daga fayil ɗin iyayensu, alhali domin su aka yi abin tun farko.

Bayan an karɓi kuɗin, wa ke sa ido?

EB-5 ya gindaya cewa jarin ya samar da aiki 10 na cikakken lokaci. Tabbatar da hakan yana nufin bin gini da kamfani na shekaru. A jihar Vermont, masu wurin shaƙatawa na Jay Peak sun tara sama da Dala miliyan 350 daga ɗaruruwan baƙi. A Afrilun 2016 hukumar kula da hannun jari ta Amurka ta zarge su da karkatar da fiye da Dala miliyan 200, ciki har da kuɗin wata cibiyar binciken magunguna da ba a gina ba. Abin lura shi ne ofishin gwamnatin jihar ne ke da alhakin sa ido, kuma shi ne ke taya su talla.

Akwai kuma wasa da taswira. Dokar ta rage kuɗi zuwa Dala 500,000 ga mai zuba jari a karkara ko unguwar da rashin aiki ya yi katutu. Sai aka riƙa zana iyakar da za ta haɗa unguwar attajirai a Manhattan ta birnin New York da wata unguwar talakawa mai nisa, manyan benaye suka ci rangwamen da aka tanada don marasa galihu. Sai a Maris na 2022 majalisa ta yi gyara, ta ɗaga kuɗin zuwa Dala 800,000 da 1,050,000, ta wajabta binciken lissafi da ziyarar gani da ido.

A Fotugal, cikin masu jari sama da 12,000 da suka kawo fiye da Yuro biliyan 7 daga 2012 zuwa 2023, kusan tara cikin goma gida suka saya. Waɗanda suka bi hanyar samar da ayyuka ba su kai ko kashi 1 cikin 100 ba.

Masu goyon baya da masu suka

Masu kare tsarin suna cewa kuɗin sun zo lokacin da babu mai kawowa, sun farfaɗo da gine-gine, an gyara tsofaffin unguwannin Lisbon da Porto da Atina. Suna ƙarawa da cewa mai jari ya fi kowane baƙo shan bincike, ba ya cin tallafin gwamnati, kuma cinikin gidajen bizar ƙalilan ne cikin dukan cinikin gidaje, don haka ɗora masa tsadar haya barin jaki ne a doki taiki. A ganinsu maganin ofishi mai rauni shi ne a ƙarfafa shi da kuɗin rajistar da masu jarin ke biya.

Masu suka, ciki har da Hukumar Tarayyar Turai a rahotonta na Janairun 2019, suna kallon tsaro, halasta kuɗin haram da kauce wa haraji, tare da cewa ƙasa ɗaya ke cin riba amma makwabta duka ke ɗaukar haɗarin tun da iyakoki a buɗe suke. Kan gidaje suna cewa ƙididdigar ƙasa baki ɗaya tana ɓoye gaskiya, domin sayayyar ta taru ne a 'yan birane. Firaministan Sifaniya Pedro Sánchez ya ce 94 cikin kowace biza 100 ta gida ce, a wurare irin su Barcelona, Madrid da Malaga inda 'yan ƙasa ke fama da haya. Gwamnatin Kanada kuwa ta ce masu jarin sun fi sauran baƙi ƙwararru ƙarancin biyan haraji.

Hujjar kowane ɓangare tana da ƙarfi a wani wuri. Kan tsadar gidaje har yanzu ana jayayya, domin hayar 'yan yawon buɗe ido da ƙarancin sabbin gine-gine su ma suna da hannu. Kan raunin tantancewa da sa ido kuwa, gwamnatocin da suka gudanar da tsarin ne da kansu suka amsa.

Tsakanin rufewa da bari akwai hanya ta uku, wadda Girka ta bi a 2024: Yuro 800,000 a yankin Atina, Tasalonika da tsibirai masu cunkoso, 400,000 a sauran wurare, tare da hana ba da gidan haya ta gajeren lokaci. Ita ma wannan ƙa'idar wani ne zai bi gida-gida ya tabbatar ana kiyaye ta.

Wa abin ya shafa?

Mai haya a Lisbon ko Atina yana jin abin a aljihunsa idan unguwarsa ta shiga idon dillalai. Baƙo ma'aikaci yana jin sa a layi, domin ofishi ɗaya ne da jami'ai ɗaya, kuma duk wanda aka fifita wani ne aka ture baya. Shi ba shi da lauyan da zai kai ƙara, katinsa in ya mutu aikinsa da tafiyarsa gida suna cikin haɗari. 'Yan ƙananan ƙasashe masu sayar da fasfo su ma sun ɗanɗana: a Yulin 2023 Birtaniya ta wajabta wa 'yan Dominica da Vanuatu neman biza, har da waɗanda aka haifa a can ba su sayi komai ba.

Ga ɗan Najeriya ko Nijar mai tunanin shiga, darasin shekarun nan shi ne kuɗin ne ke fara fita, katin ya biyo baya, kuma doka na iya canzawa yana tsakiyar layi. Izinin zama ba fasfo ba ne, katin Girka ba ya ba da damar ɗaukar aikin albashi, jarin kuma na iya faɗuwa ko da bizar ta fito. Faɗuwar darajar Naira tun Yunin 2023 ta ninka abin da ake buƙata a kuɗin gida. Ga ƙasashen da kuɗin ke fita daga cikinsu kuma akwai batun dukiyar jama'a: jami'in da ya saci kuɗi ya tanadi wurin zama a waje ya fi wuyar kamawa, dawo da dukiyar kuma sai an shafe shekaru a kotunan ƙetare.

Najeriya ma ta fara leƙa kasuwar daga ɓangaren mai sayarwa. A Maris na 2025 Majalisar Wakilai ta yi karatu na biyu ga ƙudurin gyaran kundin tsarin mulki da Mataimakin Kakaki Benjamin Kalu ya ɗauki nauyi, wanda zai ba da damar zama ɗan ƙasa ta hanyar zuba jari. Gyara irin wannan sai ya samu rinjayen kashi biyu cikin uku a majalisun tarayya biyu da amincewar majalisun jihohi 24 cikin 36. In ya tsallake, sai an fayyace wa zai binciki tushen kuɗi tsakanin Hukumar Shige da Fice, EFCC da sashen bayanan sirrin kuɗi na NFIU, wa zai ba dillalai lasisi, fayil nawa ofishin zai iya ɗauka a shekara, da kuma wanda ke da ikon ƙwace takardar idan aka gano an yi ƙarya.